Baturiyar da Ke Bayan Jirgi

Ɗelu ta Nguru ba mace ce mai kwaɗayin ganin duniya ba. Makka ma da 'ya'yanta suka haɗu suka kai ta, da ta dawo aka taru ana tambayarta, cewa ta yi alhamdu lillahi, wuri ya yi albarka, amma cunkoso ya yi yawa. Abu guda ne ta yi sama da shekara hamsin tana son ta ɗora ido a kansa, kuma ba ta taɓa faɗa wa kowa ba. Wata Baturiya ce a cikin wani tsohon fim na kaboyi. Ba don tana ƙaunarta ba. So take ta ga fuskar matar da mijinta Datti ya ƙarar da duk daɗin bakinsa a kanta, har bai rage ko cokali guda ya kawo gida ba.

Autanta Abdulwahidu ne ya jawo ta Kuala Lumpur. Gwamnati ta tura shi karatun injiniyan ruwa, wai sai mutum ya je ƙasar da sama ke zubarwa kullum kafin ya iya haƙa rijiya a Yobe. Matarsa Mubina ta haihu a farkon shekarar korona, ga shi mahaifiyarta ta riga mu gidan gaskiya, sai wankan jego ya faɗo kan Ɗelu. Ta ƙunshe kanwa da daddawa da kimba a cikin zannuwa, ta hau jirgi tana jan carbi, ta sauka tana zagin kujerar da aka ba ta. Aka kai ta wani dogon bene kusa da Jalan Tuanku Abdul Rahman, titin masu sayar da yadi, can sama inda idan ka leƙo ƙasa sai ka ga mutane kamar an watsa gero.

Ta leƙa banɗaki, ta juyo ta kalli ɗanta.

"Auta, a nan za a yi jegon? Da wannan ƙarfen mai fesa ruwa ɗumi-ɗumi?"

"Inna, yana zafi fa idan aka murɗa shi."

"Zafin shayin asibiti. Miƙo mini tukunyar shinkafar can."

Da tukunyar shinkafa aka yi jegon. Ganyen darbejiya kuwa sai da Abdulwahidu ya je Brickfields, unguwar Indiyawa, ya samo shi ɗauri-ɗauri a wurin masu sayar da furanni. Ɗelu ta shinshina, ta murza a hannu, ta ce ashe Indiyawa ba rawa kaɗai suka iya ba. Jaririn an raɗa masa Umair. Ta ce sunan ya yi kama da na maganin tari, ta ci gaba da kiransa Maigidana.

Niyyarta a yi arba'in ta kama hanya. Ana saura kaɗan aka rufe ƙasar. Jirage suka daina tashi, masu yadi suka ja ƙofofinsu, 'yan sanda suka tare hanyoyi. Mutum ɗaya ne a gida aka yarda ya fita cefane, shi ma da takunkumi a fuska, ya je kedai, wato kanti, ya dawo, ko ya tsaya shagon mamak, Indiyawan nan Musulmi, a ƙunso masa abinci. Ladanin unguwar Kampung Baru da take jiyowa daga nesa ya koma cewa kowa ya yi salla a gidansa. Ɗelu ta koyi kalma biyu ta Malay, makan da boleh, ta ce sun ishi mai hankali: ɗaya a ci, ɗaya an yarda.

Abin da ya rage mata shi ne baranda. A gabanta akwai wani ɗan jirgi mai tafiya a kan dogo guda, a sama da titi, yana wucewa babu kowa a ciki sai fitilu. Tana zaune tana kallonsa ya je ya dawo, sai Nguru ta fara dawo mata. Ta kuma fara lissafin da tsofaffi suka yi ta yi a shekarar nan: idan cutar ta hau bene ta same ta, za ta tafi ta iske Datti da tambayarta a baki, ba ta ga matar nan ba.

Ga yadda abin ya samo asali. Nguru ƙarshen dogo ce, nan jirgin gyaɗa yake juyawa. Lokacin Ɗelu tana budurwa, wani ɗan kasuwa ya sayi tsohon injin majigi a hannun wani Bature na reluwe da zai koma gida, aka haɗa masa da faifai guda a gwangwani. Ya kewaye wani fili da zana a bayan tasha, ya rataya farin ƙyalle, bayan magariba maza su shiga su zauna a ƙasa. Faifan guda ne, jiya shi, yau shi, gobe shi. Abin da ya hana mutane gajiya shi ne Datti, wani siririn saurayi mai maƙogwaro kamar an haɗiye goro, wanda yake hawa kan ganga a gefen injin yana ba da labarin abin da ake gani.

Mace ba ta shiga majigi. Ba doka aka rubuta ba, amma wadda ta shiga ta gama aure a garin. Sai dai ba a hana mace sana'a a bakin zana ba. Nan Ɗelu da gwaggonta suke ajiye faranti, dafaffiyar gyaɗa da rake, ga fitilar aci-balbal tana hayaƙi, ga mafici a hannu. Zana kuwa tana tare ido ne, ba ta tare kunne. Ɗelu ta haddace fim ɗin nan kamar karatun allo. Ta san sukuwar dawaki, ta san ƙarar bindiga, ta san haushin kare, ta san kukan jirgi. Ta san Mai Baƙar Hula, ɓarawon da yake shigowa tasha da karensa a kan sirdi ya sure akwati. Ta san mai ƙiban nan shugaban tasha da yake fitowa da tuta ya faɗa kwamin dawaki, ta san mahaya da suke bin ɓarawon har kogi, inda hularsa take faɗawa ruwa. A tunaninta duk wannan hayaniya daga cikin injin take fitowa, Datti yana mayar da Turancin Hausa ne kawai.

Sai kuma wurin da muryarsa take sauka. Bayan ɓarawo ya shigo tasha, Datti ya yi shiru kaɗan, sannan ya ce:

"To jama'a, ga Baturiyar nan a gindin fitila. Ba ta kallon kowa. Ta san ana kallonta, shi ya sa. Kun ga yadda take kaɗa mafici, kamar iskar ma sai ta nemi izini. Idan ta yi murmushi, ga wushirya. Mai Baƙar Hula ya zo ɗaukar akwati, ga shi ya tsaya ya manta abin da ya kawo shi. Allah ya sani, da ni ne ma mantawa zan yi."

Maza su ɗauki ihu: "Ina take, Datti? Ina take?"

"Tana bayan jirgi. Ku da kuke zaune a ƙasa ba kwa hango ta."

Sai wuri ya ɓarke da dariya. Ɗelu a waje ta taɓe baki, ta ce a ranta, maza ke nan, an nuna musu farar fata sun haukace. Wushiryar ce ma ta fi ba ta haushi. Ita gajera ce, baƙa, an haife ta bayan maza uku, ta taso tana dambe da su, abin ado guda da Allah ya ba ta shi ne wushirya, shi ma ga wata can a Turai ta zo ta raba da ita.

Kullum kuma da sabon labari. Yau Baturiya ta yi fushi, an gaishe ta ba ta amsa ba. Gobe ta ɗaure hannu da tsumma, ɓarawo kamar ya yi kuka. Jibi ta sa sabon kallabi, ko alƙali ya gani sai ya ɗage shari'a. Idan aka tashi, maza su fito su yi layi a gaban farantin Ɗelu suna sayen gyaɗa suna ƙunshe dariya. Ta ɗauka santin Baturiya ne bai sake su ba.

Ba a yi shekara ba kawun Datti ya je wurin mahaifinta. Aka tambaye ta, ta sunkuyar da kai, wanda a wancan zamanin ya fi sa hannu ƙarfi. Muryar take so, ba ta ɓoye wa kanta ba. Amma da ya fara zuwa zance, sai ta rasa inda muryar ta shiga. Mutumin da yake riƙe fili guda da harshe, ya zauna a bakin tabarma yana tsinkar zaren hularsa.

"Ya gida?"

"Lafiya lau."

"Bana gyaɗa ta yi."

"Ta yi."

Shi ke nan, ya tashi ya karkaɗe riga. Ta ce idan an yi aure zai warware. Aka yi aure, aka haifi na fari, aka haifi na bakwai, bai warware ba. Sunanta ma bai taɓa kamawa ba. "Ke" ce da safe, "Ke" ce da yamma, idan baƙi suna nan ta zama "mutanen gidan". Ita ma ba ta kama nasa ba, Malam take cewa, ko da yake karatunsa bai wuce na salla ba. Bai taɓa zaginta ba, bai taɓa barin ta da yunwa ba, idan ya dawo kasuwa akwai tsire a aljihu, sai ya ajiye a kan faifai ya wuce kamar wani ne ya yar. Amma kalma guda mai daɗi, irin wadda ya yi ta zubarwa a bayan tasha kamar ruwan famfo, ba ta taɓa shigowa ɗakinta ba.

Sau ɗaya ta gwada. Yana cin tuwo, ta ce, "Malam, ita matar nan ta majigi, da gaske haka take da kyau?"

Ya tsaya da loma a hannu. Kunnuwansa suka yi wani iri. Ya ce, "Ba laifi," ya kai loma.

Ta ce to. Ta ɗauki wannan "ba laifi" ta ajiye a ƙasan zuciya, ya yi ta tsami.

Majigi bai daɗe ba bayan aurensu. Aka buɗe siliman gaske mai fina-finan Indiya masu magana da waƙa da kansu, ba sa bukatar kowa a kan ganga. Faifan ya narke a gwangwaninsa wata bazara. Datti ya koma tashar mota yana kiran fasinja, Gashuwa, Haɗeja, Kano, har ya tsufa ana jin muryarsa daga kasuwar kifi. Ɗelu ta yi ƙosai, ta yi ƙuli-ƙuli, ta yi adashi, ta aurar da 'ya'ya, ta zama irin tsohuwar da ake aiko wa amare ta koya musu zama da miji, tana koya musu tana dariya a ciki. Datti ya rasu ana saura shekara uku Abdulwahidu ya tafi Malesiya. A ciwon ajalinsa ya kama hannunta, ta matso da kunne, ta ce yau dai za a ji. Ya ce, "Ke, a ba akuyar nan ruwa."

Wannan labarin ne ya kuɓuce mata wata rana da hantsi a cikin azumi, ita da Mubina suna tsinke zogalen da aka samo da ƙyar. Kulle yana sa mutum ya faɗi abin da bai yi niyya ba. Mubina yarinya ce mai shiru, ta yi digiri, amma ba ta ɗaga wa uwar miji ido. Ta saurara har ƙarshe, sannan ta ce:

"Inna, ai irin waɗannan tsofaffin finafinan duk an zuba su a intanet. Idan kin tuna abin da ke ciki, zan nema."

"Idan na tuna? Yarinya, na fi wanda ya yi shi sani."

Suka shiga nema. Mubina ta rubuta kare a kan sirdi, ta rubuta hula a kogi, kaboyi iri-iri suka yi ta fitowa. Sai aka tarar da matsala: Ɗelu ba za ta gane shi da ido ba, tun da ba ta taɓa ganinsa ba. Don haka ta juya wa kwamfutar baya, ta fuskanci bango, kamar yadda ta saba zama a bayan zana, ta ce Mubina ta kashe sauti, tun da ba Turancin take ji ba, ta riƙa faɗa mata abin da ake yi. Aka kawo wannan, ta ce ba shi ba ne. Aka kawo wancan, ta ce wannan ɓarawon ba shi da tarbiyya, nasu ba ya dukan tsoho. Ran nan bayan azahar, hadari ya haɗo kamar yadda yake yi a garin kullum, Mubina ta ce:

"Ga wani ya shigo tasha a kan doki. Inna, akwai kare a gabansa."

Ɗelu ta daina jan carbi. "Hularsa fa?"

"Baƙa ce."

"Wani mai tumbi zai fito da tuta."

"Ya fito."

"Zai ja da baya, ya ja da baya, ya faɗa kwami."

Mubina ta ce a hankali, "Ya faɗa, Inna."

"Tsayar da shi. Kada ki ƙara ko taku."

Ta tashi ta shiga ɗaki. Ta yi wanka, ta ciro leshin da ta zo da shi don ranar suna, ta ɗaura ɗankwali, ta zizara kwalli, ta sa 'yan kunnen zinaren Makka. Abdulwahidu ya fito daga karatunsa na kwamfuta, riga mai kyau a sama, gajeren wando a ƙasa, ya gan ta ya tsaya.

"Inna, ina za ki? An hana fita fa."

"Baƙuwa zan gani. Ba za ta same ni a yamutse ba. Kai ma je ka sa wando."

Aka ɗora kwamfutar a kan tebur, aka mayar da fim ɗin farko. Ɗelu ta zauna a tsakiyar kujera, ta gyara mayafi, ta ce bismilla.

Hoto ya fito fari da baƙi, yana rawa, da ɗigo-ɗigo kamar ƙuda ya yi kashi a kai. Mutane suna tafiya da sauri-sauri kamar an zuba musu barkono a wando. Wani kiɗan piyano yana ta ƙyalƙyal. Doki ya zo, ba a ji kofato ba. Kare ya buɗe baki, ba a ji haushi ba.

"Auta, kashe wannan garayar ka kunna maganar."

"Babu magana, Inna. Fim ɗin bebe ne. Ya fi shekara ɗari. A lokacin ba a iya ɗaukar murya ba, kiɗan ma daga baya aka liƙa."

"Bebe. Ni da na ji shi da kunnena. Na ji bindiga, na ji kare, na ji jirgi."

"Wallahi babu, Inna."

"Kwamfutarka ce ta lalace. Injiniya ne kai ko mai gadin injiniya? Gobe ka kai wa 'yan Sin ɗin nan su gyara."

"Shagunan a rufe suke lah," in ji shi, da wutsiyar nan da 'yan Malesiya suke liƙa wa magana.

"Kada ka yi mini lah. Ni na yi jegonka kafin ka san lah."

Mubina ta sunkuyar da kai tana gyara wa jariri hula da ba ta karkace ba. Fim yana ta tafiya. Ɓarawo ya shigo tasha. Ɗelu ta matso gaba har hancinta ya kusa taɓa gilashin. Ga jirgi, ga akwati, ga mai tumbi. Ɓarawo bai tsaya ba, bai manta komai ba, ya sure akwati ya haye doki. Aka bi shi, aka je kogi, hula ta faɗa ruwa, aka kama shi, rubutu ya fito. Duka-duka bai kai a dafa shinkafa ba.

"Ina take?" in ji Ɗelu.

Ta juyo ta kalli ɗanta.

"An yanke ta. Maimaita."

Aka maimaita. Ta sa aka tsayar daidai wurin jirgin, ta leƙa gefen kwamfutar, har ta ɗan karkata ta, ko za ta hango bayansa. Babu fitila, babu mafici. A fim ɗin gaba ɗaya babu mace ko ta magani, in ba goɗiyar da wani mahayi yake kai ba.

Ɗelu ta koma ta zauna. Ruwa ya sauko a waje yana dukan baranda. Can ta ce a miƙo mata waya a kira Hureira.

Hureira ƙanwar Datti ce, tana Nguru, haƙoranta sun ƙare amma bakin yana nan. A can safiya ce, an ji zakara a bayanta. Aka gaisa, aka tambayi jariri, aka tambayi cuta, aka yi wa juna sannu da azumi. Sannan Ɗelu ta ce:

"Hureira, majigin yayanki. Mun same shi a nan. An cire sautin, an cire Baturiyar."

Sai wani sauti ya taso kamar ana jan guga a rijiya. Hureira ce take dariya.

"Yaya Ɗelu, wane sauti? Ai shi ne sautin. Ƙoƙuna biyu yake kifawa a kan ganga, su ne dawakin. Bindiga katako ne yake bugawa. Karen ma shi ne, har karnukan tasha suna amsa masa. Ƙoƙunan nan ne fa da kika yi ta awon gero da su yana kallonki bai ce komai ba."

"To ita matar fa?"

"Wai da gaske kike? Ke da ake kawo wa amare?"

"Ina tambayarki."

"Don me kike zaton yake hawa ganga? Injin ai a ƙasa yake. Daga kan ganga ake hango bakin zana. Wa yake zama a gindin fitila da mafici? Wa ya ƙone da tukunyar gyaɗa ya ɗaure hannu da tsumma? Lokacin da kika tafi biki Gashuwa, cewa ya yi Baturiya ta yi tafiya, maza suka ce a mayar musu da kuɗinsu. Duk Nguru an sani. Baba ma a bakin mutane ya ji, shi ya sa ya tura kawu. Mu mun ɗauka kin sani kina jan aji ne."

"Ba wanda ya faɗa mini."

"Wa zai faɗa miki? Da wane bakin? Gwaggonki tana zaune a gefenki tana toshe dariya da mayafi."

Ɗelu ta miƙa wa Mubina wayar ba ta yi sallama ba. Abdulwahidu yana kallon silin, kunnuwansa sun yi irin na ubansa. Ba ƙaramin abu ba ne a ce wa namiji ubansa ya taɓa yin haushin kare don uwarsa.

"Munafuki," in ji Ɗelu, ba da ƙarfi ba. "Shekara arba'in da ɗoriya yana cin tuwona. Ɗaki guda, gado guda. A gaban ƙartin Nguru bakinsa ya buɗe, a gabana sai akuya." Ta cire 'yan kunnen ta riƙe a tafin hannu. "Ni kuma na yi wa kaina kwalliya na zo ganin kaina."

Ta fita baranda ta zauna, ruwa yana fantsamo mata a leshi. Mubina ta leƙo sau biyu ta koma. Abin da Ɗelu take yi a wurin, tana bin maganganun ne ɗaya bayan ɗaya, tun da duk tana da su, ba wanda ya ɓace. Ranar da ta ƙi amsa gaisuwarsa don ya taka mata faifai. Kallabin da yayanta ya kawo mata daga Kano. Iskar da sai ta nemi izini. Da ni ne ma mantawa zan yi. Shekara hamsin tana riƙe da su a matsayin kayan wata, tana yi musu gadi da haushi, ashe ajiyarta ce. Da aka kira magariba ta shigo ta sha ruwa, ta ci dabino, ta ce kunun ya yi ruwa, wanda ya nuna wa mutanen gidan cewa lafiya take.

Washegari da la'asar ta shiga kicin ta yi ta bincike. Babu ƙoƙo a Kuala Lumpur, amma akwai kwakwa, ita kam ko'ina. Ta samo ɓawo biyu da Mubina ta kankare za ta zubar, ta ɗauko katakon yanka albasa da muciya. Ta sa aka ja labule, aka kashe piyano. Ta ce Abdulwahidu da matarsa su zauna a ƙasa, a ɗora Maigidanta a cinya, yau mace za ta shiga majigi, wanda zai hana ta aure ya hana. Ita kuwa ta jawo kujerar roba ta hau, tana dafe da bango, ɗanta yana cewa Inna a hankali.

Ta kifa ɓawon kwakwa a kan kabad. Dawaki suka taso. Da farko kamar jakuna, daga baya hannunta ya faɗa, suka zama dawaki. Ta yi kukan jirgi, ta yi haushin kare, jariri ya zaro ido, wani kare na gaske a benen maƙwabta ya amsa. Muryarta ta tsufa, tana karyewa a sama, amma kalmomin suna fitowa a jere yadda aka zuba su.

"Ga shi nan, Mai Baƙar Hula. Kun ga tafiyar? Wannan ba tafiyar mai gaskiya ba ce."

Ɓarawo ya shigo tasha. Ɗelu ta ajiye kwakwa. Ta yi shirun nan na Datti, har ya ɗan fi nasa tsawo.

"To jama'a, ga wani siriri can a kan ganga. Maƙogwaro kamar ya haɗiye goro. Surutu a waje, a gida kurma. Rowar baki gare shi, Allah ya yafe masa. Amma bai taɓa shigowa hannu sake ba. Tsiren nan da yake ajiyewa a kan faifai, an san ba faɗuwa ya yi ba. An gani. Kuma muryar, tun da ake kiran Gashuwa da Haɗeja ba a yi irinta ba. Wadda take gindin fitila ba don gyaɗa take zuwa ba, gyaɗar gwaggonta ce. A faɗa masa an ji. An makara, amma an ji."

Mubina ta sa gefen mayafi a ido. Abdulwahidu ya yi gyaran murya, ya duba fim ɗin, inda babu kowa sai mai tumbi yana fitowa da tutarsa. Ya daure ya yi abin da ya gane ana jira.

"Ina yake, Inna?"

Ɗelu ta ɗauki ɓawon kwakwarta.

"Yana bayan jirgi," ta ce. "Ku da kuke zaune a ƙasa ba kwa hango shi."